Inna, Sadiq da ɓeran sito

Talata. An kawo wuta da asuba, na samu na yi guga. Tumatir ya sake tashi, ban saya ba.

Da la'asar Sadiq ya shigo, ya tarar Inna na tsince kashin ɓera daga masarar da za a kai niƙa. Ya ce, "Inna, wannan fa zubarwa za a yi." Ta harare shi. "Tun kafin a haifi ubanka muke zaune da ɓera, wa ya kashe?"

Kun san Sadiq tunda ya shiga makarantar kiwon lafiya. Ya ja kujera ya hau ba mu labarin zazzaɓin Lassa da ɓera ke yaɗawa, ni ina yanka alayyahu ina saurare. Ya ce a 1969 wata ma'aikaciyar jinya, Laura Wine, ta kwanta zazzaɓi a asibitin mishan na garin Lassa, can Borno, magani ya ƙi ci. Aka ɗauko ta a jirgi zuwa Jos, ta rasu. Charlotte Shaw da ta goge mata baki alhali tana da ɗan yanka a yatsa, ita ma ta bi ta. Ta uku, Penny Pinneo, aka kai ta Amurka, ta tashi. A jami'ar Yale aka gano ƙwayar cutar, har mai binciken, Jordi Casals, ya kamu, da ruwan jinin Pinneo aka ceto shi. A 1970 cutar ta ɓarke a Jos, likita Jeanette Troup ta yanke tana binciken gawa, ta rasu. Ɓeran kuwa sai a 1972 aka kama shi da laifi, a Saliyo, bayan an bi gida-gida ana ɗana tarko.

Inna ta ce, "Allah sarki, bayin Allah." Can kuma ta ɗago. "To namu fa? Su ba su mutu ba?"

Sadiq ya ce sun mutu mana, a Jos ma su ne suka fi yawa. Ta ce, "Faɗo min sunan ɗaya." Ya hau jujjuya takardu.

Abin nan ya tsaya min a rai har isha'i. Matan nan sun cancanci a tuna da su, ba na musu. Amma waɗanda suka kwanta a ɗakin jinya ɗaya, da 'yan uwan da suka yi musu wanki da shara, a takardun Sadiq adadi kawai aka ba su.

Na faɗa wa Abban Hanif da ya dawo. Ya ce na cika sa abu a rai, ya tambayi tuwo.