Gidan hayar nan zai kashe ni da aiki

Laraba. Ruwa ya sauko da asuba, kamin in sallame salla tsakar gida ta cika. Kuma ba wai ruwan ya yi yawa ba ne fa, magini ne ya karkata daɓen siminti wajen ƙofar ɗaki, makwarara kuma ya ɗaga ta sama da ƙasa kamar yatsa biyu, to ta ina ruwa zai hau ya fita? Ni da Inna muka duƙa da tsintsiya muna tura ruwa tana ta faɗa, wai "ɗan nan, wanda ya yi daɓen ga bai taɓa kwana gidan ga ba".

Na hau adaidaita zuwa babbar kasuwa. Kaniwo a buɗe ba marfi, yashi da leda sun cushe shi, ruwa ya hau godoro ya shafe bakin ramin, ba ka gane inda hanya ta ƙare. Wani mai kabu-kabu a gabanmu ya zurma tayar gaba, Allah ya tsare sai wandonsa da ya sha laka. Tsofaffi suna ba da labarin ambaliyar Gulbin Maraɗi ta 1945 da ta sa aka bar tsohon gari aka hawo tudu, to ga mu bisa tudun ruwa na biyo mu har ɗaka.

Abin da ya fi ƙona mini rai dai fanka ce. Na sayo sabuwa, kayan Katsina, na iso gida ina murna sai ga kan wayarta ƙafa uku masu kusurwa irin na Najeriya, priz ɗinmu kuwa rami biyu zagayayyu irin na Faransa. Na koma na sayo adapta dala ɗari, shi ma sako-sako, nauyin filogi na janyo shi ƙasa yana tartsatsi, sai da na tokare shi da gwangwanin madara. Priz ɗin ma bayan ƙyaure aka sa shi, duk wanda ya shigo sai ya buge, fanka ta tsaya. Ƙanena ya ce "Yaya a yanke kan kawai a cusa waya da ashana", na ce ba a ɗakina ba wallahi.

Da magariba na kira mai gida kan maganar daɓen. Ya ce in gyara a cire cikin kuɗin haya, na ce na wane wata, wai kiredi ɗinsa ya kusa ƙarewa, alhali ni na kira.