Kalmar "ligneous" da aikin ƙidayar itatuwan gona

Sana'ata fassara ce daga Ingilishi zuwa Hausa, kuma mafi yawan abin da ke shigowa hannuna takardun noma ne da na kiwo. A cikin irin wannan aiki aka kawo mini littafin jagora na masu ƙidayar tsirrai a gonaki, wanda za a yi amfani da shi a ƙauyukan bakin iyakar Katsina da Maraɗi. Matasan da za su yi ƙidayar ba su karanci ilimin gandun daji ba, amma suna karanta Hausar boko sarai, don haka duk abin da na rubuta shi za su bi. Kalma ɗaya ce ta tsayar da ni, wato "ligneous", wadda ake furtawa kamar "ligniyas". Tana kan shafin farko, tana kan takardar da za a cike, kuma umarnin gaba ɗaya a kanta ya rataya: a ƙirga duk tsiron da ya amsa wannan suna, a bar sauran.

Abin da na fara ganewa shi ne, ba ɗan Ingila ne ya rubuta littafin ba. Mai jin Ingilishi tun daga nono da wuya ya faɗi wannan kalma, "woody" zai ce ya wuce. Amma a Faransanci "ligneux" kalmar yau da gobe ce a bakin ma'aikatan gandun daji da malaman kiwo na Nijar, har ta zama suna, su ce "les ligneux" suna nufin itatuwa manya da ƙanana baki ɗaya. To idan aka juya rahotonsu zuwa Ingilishi, sai mai juyawa ya ɗauko 'yar'uwarta mafi kusa. Shi ya sa kalmar da ta yi ƙaranci a Landan take da yawa a takardun da suka shafi Sahel.

Tushenta Latin ne, daga "lignum", wato itace, musamman na hura wuta. Rumawa sun raba shi da "materia", wanda shi ne na gini da sassaƙa, kusan yadda muke raba itacen girki da katako. Rabon yana nan har yau a harshen Sifaniya, inda itacen wuta yake "leña" katako kuma "madera", kuma tsibirin Madeira daga dazukansa ya samo suna a bakin Turawan Fotugal. Kalmar ta shiga Ingilishi a farkon ƙarni na 17. Ƙamus zai ba ka ma'anoni kamar uku: abin da aka yi da itace, abin da yake da taurin itace, da tsiron da jikinsa ke zama itace. Ta farkon kusan ta mutu. Ba wanda zai kira turmi ko kujera ko allo da wannan kalma, "wooden" ake cewa. Biyun da suka rage su ne ke aiki, ɗaya a hannun masana tsirrai, ɗaya a hannun likitoci.

Wanda ke jagorantar aikin ya ce kada a wahalar da kai, a rubuta "bishiyoyi". Ban yarda ba, amma a lokacin ba ni da hujjar da zan nuna a ƙasa, sai na nemi a tafi da ni wurin horar da matasan. Bayan girbi ne, an kwashe gero, kara na kwance. Aka kai mu gonar wani dattijo, aka ce wa wani saurayi ya gwada ƙirga bishiyoyin da ke ciki. Ya zagaya, ya rubuta gawo, ya rubuta aduwa guda da ke kan iyaka, ya dawo ya ce ya gama. Dattijon yana tsaye da gatarinsa a kafaɗa, sai ya nuna wani kurmin ganye da bai kai ƙugu ba.

"Yaro, wannan da ka tsallake fa?"

"Baba, ai wannan sabara ce, ba bishiya ba ce."

Dattijon bai ƙara magana ba. Ya durƙusa ya kwashe yashin gindinta da hannu, sai ga kututture baƙi mai kauri, duk jikinsa tabon sara, wani tsoho ya toshe, wani na bana ne, rassa masu ganye fari-fari suna fita daga gefensa ta ko'ina. Ya ce tun mahaifinsa na da rai ake sare ta duk shekara lokacin sassabe, tana sake tohowa. Daga nan ya nuna mana wata a gaba, wadda ya bar mata rassa uku masu ƙarfi ya datse sauran. Ta riga ta fi mutum tsayi.

Littafin nan ashe domin wannan aka rubuta shi. Abin da ake son aunawa shi ne sassaben zamani, dabarar da ta bazu daga yankin Maraɗi tun 1983, wadda ake danganta farkonta da Tony Rinaudo, mutumin Ostireliya da ya lura cewa kututturan da ke cikin gonaki ba su mutu ba, saiwarsu na nan da rai a ƙasa. Maimakon a kawo dashe daga gandun reno ya mutu da rani, sai manomi ya zaɓi 'yan rassa daga tohon kututture ya rene su. Masu bincike da suka duba hotunan sama sun ƙiyasta cewa an farfaɗo da kimanin hekta miliyan 5 a kudancin Nijar ta haka, da itatuwa wajen miliyan 200. Da yawansu daga irin wannan ƙasƙantaccen toho suka taso, na sabara da kalgo da magarya da geza da gawo. Da an rubuta "bishiyoyi" a takardar, da matasan sun tsallake ainihin abin da aka aiko su nema, rahoto kuma ya fita yana cewa gonakin fayau suke. Wannan ya tsaya mini a rai ƙwarai, domin wahalar manomi ce ta shekaru za ta ɓace a kan takarda saboda kalma guda.

Malamin gandun dajin da ke horar da su ne ya warware mini abin da ke ƙarƙashin kalmar. Akwai wani sinadari da ake kira liginin, sunansa ma daga wannan tushe yake, masanin tsirrai ɗan Suwizalan, de Candolle, ya raɗa shi a 1813. Shi ne yake shiga bangon ƙwayoyin jikin tsiro ya daskare su, ya ba su ƙarfin tsayawa da hana ruwa yoyo. A busasshen itace yakan kai kashi 20 zuwa 30 cikin ɗari. Shi ya sa tsohuwar jarida ke yin ja-ja idan ta sha rana, shi ya sa tsohuwar ciyawa ba ta ƙosar da dabba kamar ɗanya, domin tumbi ba ya iya narkar da shi. Da ya gama bayani na ce masa ai Bahaushe ya riga ya faɗa, icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi. Ya ce to abin da ke hana shi tanƙwaruwa daga baya, shi ne wannan sinadari.

Sai dai tauri kaɗai bai isa ya sa tsiro cikin ƙidaya ba, kuma a nan ne matasan suka fi yin gardama. Wani ya kawo busasshen karan tafasa ya karya shi a gabanmu, ya yi ƙas, ya ce wannan ai itace ne. Gaskiya yana da tauri, haka karan rama da na kuɓewa idan sun ƙosa. Amma tafasa damina ɗaya take yi ta mutu, baɗi daga iri za ta fito. Gamba kuwa takan shekara da shekaru, amma ciyawa ce, karanta na bushewa ya faɗi, sabo ya fito daga tushe. Abin da masana ke nufi shi ne tsiron da jikinsa na sama yake wuce rani da rai, yana ƙara kauri shekara bayan shekara. Tumfafiya, duk da raunin jikinta da farin ruwanta, ta shiga. Anza ta shiga. Zogale ya shiga, ko da yake yaro ma zai iya karya reshensa. Ayaba ba ta shiga ba komai tsayinta, domin abin da ake gani kamar gangar jiki ganye ne naɗe a kan ganye.

Goriba da giginya sun ɗauke mu lokaci. Malamin ya ce a tsantsar ilimin tsirrai ba sa yin irin itacen da gawo ke yi, ba su da zoben da ke ƙara kauri, dangin dabino ne, sun fi kusa da ciyawa a kan bagaruwa. Dattijon ya ce shi dai azarar ɗakinsa ta giginya ce, ta girme 'ya'yansa duka, gara ba ta taɓa ta ba. Dukansu suna da gaskiya, kuma masu ƙidayar daji a Sahel sun saba sa su a lissafi. Muka sa su, har da kabar da ke ƙasa wadda ba ta riga ta yi tsawo ba, tunda ita ce mata ke yin tabarma da faifai da ita.

A ƙarshe ban sami kalma ɗaya ba, ban kuma ƙirƙiri sabuwa ba, domin sabuwar kalma sai an sake fassara ta a bakin gona. A kan takardar na rubuta "itatuwa manya da ƙanana, har da kututture mai toho". A ƙasa na ƙara jimla biyu: duk tsiron da ke wuce rani da jikinsa a tsaye a ƙirga shi ko da bai kai gwiwa ba, wanda kuwa ke mutuwa bayan damina a bar shi ko da ya yi tauri. Na zaɓi "itatuwa" a kan "bishiyoyi" da gangan, don a Hausar Katsina da Maraɗi "icce" ake cewa, kuma yana ɗaukar mai rai da busasshe, babba da ƙarami, abin da "bishiya" ba ta yi a kunnen matasan nan.

A babi na gaba kalmar ta sake fitowa da korewa a gabanta, "non-ligneous forest products", wanda shi ma kwafin Faransanci ne kai tsaye. A Ingilishin Hukumar Abinci da Noma ta Majalisar Ɗinkin Duniya "non-wood" ake rubutawa. Ana nufin amfanin daji wanda ba itacen wuta ko katako ba: kuka, ƙaro, zuma, kalwa, kaɗanya, tsamiya, 'ya'yan goriba. Wannan bai ba ni wahala ba, na jera sunayensu kawai. Haka "ligneous fodder", wato ganye da 'ya'yan itatuwa da dabbobi ke ci, irin na gawo, wanda ke zubar da ganye da damina ya yi kore da rani, daidai lokacin da makiyayi ya fi buƙata.

Ma'ana ta likitoci daga bakin ƙanwata na ji ta, lokacin tana karatun likita. Ta ga takardun a kan teburina ta ce, "Yaya, ai mu ma muna da wannan kalma, amma mu da yatsa muke gane ta." A wurinsu ba maganar sinadarin liginin ba ce sam, jikin mutum ba ya yin sa. Siffanta abin da hannu ya ji ne idan an danna kumburi aka tarar ya sandare, ba ya lotsawa. Akwai ciwon ido mai wuyar samu da ake kira "ligneous conjunctivitis", wanda ya fi kama ƙananan yara, inda wani kauri mai tauri ke tsirowa a cikin fatar ido, a cire ya dawo. Sanadinsa gado ne: ƙarancin wani furotin mai suna plasminojin, wanda aikinsa narkar da zaren da jini ke daskarewa da shi bayan rauni. Idan babu shi sai zaren ya yi ta taruwa. A 2021 hukumar kula da magunguna ta Amurka ta amince da maganin da ke maye gurbin furotin ɗin. Akwai kuma ciwon ƙullin gaban wuya da likitan tiyata Bajamushe, Bernhard Riedel, ya bayyana a 1896, wanda shi ya kwatanta taurinsa da ƙarfe, na bayansa suka kwatanta da itace. A irin waɗannan wurare fassarar da ta dace ita ce "mai taurin itace". Wanda ya ɗauko ma'anar gandun daji ya kawo nan zai firgita iyaye, su ɗauka wani abu ne ke tsirowa a idon ɗansu.

Kalmar "ligneous" tana da 'yar'uwa da ta fi ta ɓuya, "xyloid", daga kalmar Girka "xylon", tushen da ya ba da sunan kayan kiɗan nan na katako da ake bugawa da sanduna. Ma'anarta mai kama da itace. A ƙamus kawai nake ganinta, ba ta taɓa zuwa mini a takardar aiki ba.

Yanzu ɗalibai daga Nijar sukan kawo mini kundin bincikensu da suka rubuta da Ingilishi in duba musu kafin su miƙa a jami'o'in Nijeriya, kuma kusan kowane shafi sai na tarar da kalmar nan. Ba kuskure ba ce, nakan gaya musu haka, amma mai karatu zai tsaya a kanta ba dalili. Sai in ce su mayar da ita "woody" a duk inda ake maganar tsirrai, su bar ta a sunan cuta, inda ta riga ta zauna. Idan kuma kundin yana da takardar tambayoyi da za a kai ƙauye, nakan nemi su zauna da ni mu rubuta sunayen itatuwan yankin ɗaya bayan ɗaya da Hausa, mu fara da sabara da kalgo kafin mu zo kan gawo da kuka.