Ɗaukar bidiyon wasa da katin hoto: saitin da ya jure zafin Yamai da ɗaukewar kuran

Kwamfutar da nake ɗaukar wasa da ita tana da katin hoto GTX 1660, ƙwaƙwalwar RAM giga 16, SSD da Windows ke kai, da wani tsohon disk mai juyawa na tera ɗaya. Da ita nake ɗaukar eFootball da GTA V a nan Yamai. Danna maɓallin ɗauka ba wuya, yaro ma zai iya. Abin da ke ɓata aikin yana zuwa ne daga wasu wurare: katin da aka cika wa kaya, ɗakin da ya yi zafi, kuran da ya ɗauke ana tsakiyar wasa, da fayil ɗin da ya fi ƙarfin intanet ɗin mutum.

A fara da katin kansa. A cikin katunan NVIDIA akwai wani ɗan sashe da ba ruwansa da zana wasan, aikinsa kawai matse bidiyo. Sunansa NVENC, ya fara zuwa a 2012 tare da jerin GTX 600, kuma a kansa aka gina ShadowPlay, kayan ɗaukar bidiyon wasa na NVIDIA, da ya fito a 2013. Da yake wannan sashen ne ke ɗaukar nauyin, wasan ba ya rage gudu sosai, saɓanin yadda ake yi a da inda furosesa ke yin komai har wasan ya riƙa sarƙewa. Amma ba kowane kati ke da shi ba, kuma nan ne masu sayen na hannu ke faɗawa rami. GT 1030 ba shi da NVENC ko kaɗan. A ɓangaren AMD, RX 6400 da RX 6500 XT ba su da sashen matse bidiyo, duk da cewa ba tsofaffi ba ne. In mai shago ya ce maka "ai duk ɗaya ne", ka nemi ya haɗa katin ya ɗauki minti ɗaya a gabanka kafin ka ƙirga kuɗi. Ko tsakanin GTX 1650 na farko da GTX 1660 akwai bambanci: na biyun yana da sabon NVENC wanda hotonsa ya fi tsabta a ƙaramin fayil.

Manhajar da ShadowPlay ke ciki yanzu ita ce NVIDIA App, wadda ta maye gurbin GeForce Experience a ƙarshen 2024, kuma ba ta neman ka buɗe asusu. Bayan an sa ta, Alt+Z ke buɗe allon ɗauka a kan wasan. In allon madannanka irin na Faransa ne, wato AZERTY, ka danna bai buɗe ba, gwada Alt+W, don Z da W sun yi musayar wuri. Alt+F9 ke fara ɗauka, shi ne kuma ke tsayarwa. Alt+F10 yana adana mintunan da suka wuce, in ka kunna Instant Replay, wato ɗaukar da ke gudana a bayan fage tana riƙe da mintunan ƙarshe na wasan. Masu katin AMD suna da nasu a cikin manhajar Adrenalin, Alt+R ke buɗe shi. Kafin komai, shiga saitin Windows ka kashe ɗaukar bayan fage ta Xbox Game Bar, don kada manhaja biyu su riƙa ɗaukar abu ɗaya a lokaci guda.

Sai lissafin girman fayil, wanda da yawa ba sa yi sai disk ya cika. Yawan bayanan da ɗaukar ke rubutawa ana auna shi da megabit a daƙiƙa, kuma megabit 50 a daƙiƙa yana nufin mega 375 a minti, wato giga 22.5 a awa ɗaya. Na fara da haka, na ga ba zai ɗore ba. Yanzu ina ɗauka a 1080p, hoto 60 a daƙiƙa, megabit 30, abin da ke ba da mega 225 a minti, giga 13.5 a awa. A eFootball har 20 ma ya isa, don kyamarar ba ta jujjuyawa da yawa kuma rabin allon ciyawa ce. A GTA V kuwa, in mota na gudu cikin dare ko ana ruwan sama, ƙasa da 30 sai ka ga hoton ya farfashe ya zama ƴan murabba'ai, musamman a wurare masu duhu. In katinka da manhajar da kake gyara bidiyo da ita sun yarda da HEVC, wani tsarin matse bidiyo, ya fi H.264, tsarin da aka saba da shi, rage girman fayil. AV1 ya fi su duka, amma a NVIDIA sai daga jerin RTX 40 ake samun ɗauka da shi. Ni ina nan kan H.264 saboda ba wayar da ta taɓa ƙin buɗe shi. Kada kuma ka ɗauka kai tsaye a kan kile na USB ko disk ɗin waje da ke kan tsarin FAT32, don ba ya karɓar fayil da ya wuce giga 4.

Matsalar da ta fi cin mini lokaci ita ce wannan: wasan yana tafiya sumul a idona, amma in na buɗe bidiyon sai in ga yana tsalle-tsalle. Dalilin shi ne, ko da NVENC ke matsewa, sai an kwafo kowane hoto daga wasan an miƙa masa, kuma wannan kwafowar tana buƙatar ɗan sarari a babban sashen katin. In ka saki wasan yana zana hoto 110 ko 130 a daƙiƙa, katin yana aiki a kashi 99 ko 100 na ƙarfinsa, ba abin da ya rage wa ɗaukar. Maganin shi ne a ɗaure wasan a 60, ko daga saitinsa ko daga saitin NVIDIA, a rage inuwa da nisan gani har katin ya zauna ƙasa da kashi 90. A NVIDIA App, Alt+R yana nuna waɗannan alƙaluma a gefen allo. Ka ɗaure a adadin da ya dace da ɗaukar: 60 ga bidiyo mai 60, ko 120. In wasan yana kan 75 kana ɗauka a 60, motsin ba zai fito daidai ba, don hotunan ba su rabu daidai ba.

Zafi kuma yana shigowa ta wannan ƙofar. A Afrilu da Mayu, lokacin da Yamai ke wuce digiri 40 da rana, iskar da fankar katin ke ja ta riga ta yi zafi tun kafin ta shiga. Yawancin katunan NVIDIA suna fara rage gudunsu da kansu in sun kai wajen digiri 83. Da ya rage gudu, wasan da ke cin kashi 85 na katin sai ya koma cin 100, tsallen bidiyon ya dawo. Shi ya sa mintuna ashirin na farko suke fitowa lafiya, sauran su lalace, mutum ya yi ta zargin manhaja. Na buɗe akwatin bayan hunturu na tarar ƙura ta toshe tsakanin ƙarafan sanyaya katin, ta dunƙule kamar auduga, ja-ja, har ba a hango haske ta cikinsu. Ana hure ta da injin hura iska, kwamfuta a kashe an zare waya, kuma a riƙe fankar da yatsa kada iskar ta juya ta fiye da ƙima. A ɗaga akwatin daga ƙasa a ɗora kan tebur, a bar tazara tsakaninsa da bango. In katin ya shekara uku ko huɗu ba a taɓa shi ba, a kai wa mai gyara ya canja man da ke tsakanin furosesar katin da ƙarfen sanyayawa. A bazara ina ɗaukar dogon wasa ne bayan isha'i ko da sassafe.

Ɗaukewar kuran ita ce ta sa na raba aikin gida biyu. Fayil ɗin MP4 irin na gargajiya yana rubuta jadawalin da ke nuna inda kowane hoto yake ne a ƙarshe, lokacin da ka tsayar da ɗaukar. In wuta ta ɗauke kafin nan, za ka tarar da fayil mai giga 9 a disk, amma ba manhajar da za ta buɗe shi. Akwai wata ƴar manhaja mai suna Untrunc da ke ƙoƙarin ceto irin wannan, in ka ba ta wani lafiyayyen bidiyo da aka ɗauka da saiti iri ɗaya. Wani lokaci ta yi nasara, wani lokaci sauti ya fito a karkace. Ban ɗora dogaro a kanta ba. Duk abin da zai wuce minti goma sha biyar, da wata manhajar ɗauka mai suna OBS Studio nake ɗaukarsa, shi ma da NVENC ɗin dai, amma a fayil ɗin MKV. MKV yana rubuta kansa gunduwa-gunduwa, in wuta ta ɗauke ƴan daƙiƙun ƙarshe kawai za ka rasa. Bayan an gama, a cikin OBS ɗin akwai wurin mayar da shi MP4 ba tare da sake matsewa ba, cikin ƙasa da minti. A OBS ina zaɓar CQP, saitin da ke riƙe ingancin hoto a mataki ɗaya, in sa 20, in buɗe shi da izinin mai kula da kwamfuta don Windows ya ba shi fifiko a kan katin. Ondilè, wato UPS, na'urar batir da ke riƙe kwamfuta in wuta ta ɗauke, ma yana da amfani, amma a san iyakarsa: ƙaramin nan mai 650 VA bai kai wat 400 ba, ga katin kaɗai yana jan wat 120, ga furosesa ga allo. Ƴan mintuna zai ba ka, na ka tsayar da ɗaukar ka kashe kwamfuta, ba na ƙarasa wasa ba.

Ga gajerun abubuwa kuwa, ƙwallon da aka ci daga nesa ko wani tsalle da mota, Instant Replay ya fi komai. Yana iya riƙe har minti 20, ni na sa 3. Abin da ba a cika sani ba shi ne, muddin yana kunne yana ta rubutu a wani babban fayil na wucin gadi a disk, ko ka adana ko ba ka adana ba. A megabit 30, awa huɗu na wasa giga 54 ke nan aka rubuta. Na mayar da wurin wucin gadin kan tsohon disk mai juyawa don kada ƙaramin SSD ya sha wannan wahalar kullum. In kuma ka ga Instant Replay ya kashe kansa ba dalili, duba ko akwai fim mai kariya, irin na Netflix, a buɗe a burauza. Yana ƙin ɗauka in ya ga irin wannan.

Sauti: zaɓi a raba muryarka da ƙarar wasa gida biyu, kowane da layinsa. In suka haɗu a layi ɗaya, ƙarar fankar sama da ta janareton maƙwabta sun shiga ke nan, ba cirewa. Sa kask, ka matso da mikro kusa da baki ka rage ƙarfinsa, ya fi a ajiye shi nesa a ƙure shi. Kuma waƙoƙin rediyon motar GTA V suna da masu haƙƙi, a kashe su kafin ɗauka in YouTube za a kai bidiyon.

Akwai wata matsala da ke ɓoye sai an zo gyara. ShadowPlay ba ya riƙe adadin hotuna daram, yana bin yadda wasan ke tafiya, wani lokaci 60, wani lokaci 57. A kallo ba za ka lura ba, amma wasu manhajojin gyara suna ɗauka adadin tsayayye ne, sai ka ga mai sharhi ya yi ihun an ci alhali ƙwallon ba ta bar ƙafar ɗan wasa ba, kuma tazarar tana ƙaruwa yadda bidiyon ke tsawo. Ina wuce fayil ɗin ta manhajar sake matse bidiyo HandBrake tukuna, in zaɓi adadi tsayayye na 60. In yanka kawai zan yi ba ƙari, manhajar LosslessCut na yi ba tare da taɓa ingancin hoton ba.

Wajen turawa ne kuɗin intanet ke tafiya. YouTube da kansa yana ba da shawarar megabit 12 ga 1080p mai hoto 60, da 7.5 ga 720p mai 60. Bidiyon minti goma a megabit 12 mega 900 ne. In layinka yana tura megabit 5 a daƙiƙa, minti 24 zai ɗauka. Da a ce ɗanyensa ka tura a megabit 50, giga 3.75 ne, awa ɗaya da minti arba'in a wannan layin, in bai yanke ba. Yawancin masu kallona a waya suke kallo, don haka 720p nake fitarwa, wajen mega 560, in ajiye ɗanyen a disk. A WhatsApp kuma ina tura shi a matsayin takarda ba a matsayin bidiyo ba, ta haka ba ya sake matse shi, kuma yana karɓar fayil har giga 2.