Ƙarin kuɗin rigar oganik, wa yake amfana?

Aikin duba ingancin yadi ya koya mini cewa hannu ba ya gane audugar oganik. A shimfiɗa ƙyalle biyu a tebur, a murza, a ɗaga su ga haske, babu mai iya nuna wanda aka noma audugarsa ba feshin maganin ƙwari, ba takin zamani. Laushi da ƙarko daga tsawon silin auduga suke, da yadda aka kaɗa zaren, da matsewar saƙa. Na sha ganin riga mai tambarin oganik wuyanta ya saki tun ba a je ko'ina ba.

Mai cin moriyar gaske shi ne manomin da ke goya tankin feshi, maganin na jiƙa masa baya yana kuma shaƙa, domin noman oganik na raba shi da wannan. Kaso mai yawa na audugar oganik daga Indiya yake fitowa, kuma kafin gona ta samu shaida sai ta yi kusan shekara 3 ba sinadari, a lokacin da amfani ke raguwa kuma farashi bai tashi ba. Tsadar daga nan take farawa.

Batun cewa oganik ta fi lafiya ga fatar jiki kuwa, masu talla na ƙara gishiri. Kafin auduga ta bi ta gurza, wanki da rini, ɗan abin da ya rage na maganin gona bai taka kara ya karya ba. Abin da ke sa wasu ƙaiƙayi sau da yawa a masaƙa ake sa shi, kamar fomaldehaid na hana yamutsewa. Shi ya sa yanzu ƙaramar takardar da ke cikin rigar nake fara juyawa. Tambarin GOTS, wato ƙa'idar duniya ta tantance yadin oganik, ya hana irin waɗannan sinadarai, kuma ba ya yarda a rubuta oganik sai zaren oganik ɗin ya kai kashi 95 cikin 100. Idan 70 ne, sai dai a ce an haɗa da shi.

Takardar ma ba a sakar mata jiki. A 2020 GOTS da kanta ta bankaɗo shaidun bogi na tan 20,000 na auduga a Indiya. Don haka nakan saya, amma sai ɗinkin ya gamsar da ni, kuma sai na ga lambar lasisi a ƙarƙashin tambarin da zan iya dubawa a intanet.