Asabar a Pantheon, gaban kabarin Simone Veil

Yau babu darasi. Da hantsi Yaya, 'yar wan babana da na sauka wurinta, ta ce in ɗauko rigar sanyi mu je Pantheon a nan birnin Paris, inda Faransawa ke binne manyan mutanensu. Ana ta yayyafi. Muka bi matakala zuwa ƙasa, sanyin dutse yana ratsa takalmi, har muka kai ɗakin da aka sa Simone Veil da mijinta Antoine a 2018. Farin dutse ne, an sassaƙa sunanta da shekaru, 1927 da 2017.

Yaya ta ce, "Ƙanwata, wannan ai ita ce ta dokar zubar da ciki ta 1975." Haka kowa ya san ta a nan, sai kuma shugabancin Majalisar Turai a 1979. A kan waccan doka ra'ayina daban yake da na Simone Veil, kuma na faɗa wa Yaya haka. Ni abin da ya kawo ni shi ne shekaru bakwai da ta yi a ofis, tun kafin jaridu su san fuskarta.

Tana da shekara 16 aka kai ta Auschwitz, sansanin kisa na 'yan Nazin Jamus, a 1944 don ita Bayahudiya ce, aka zana mata lamba 78651 a hannu. Uwarta ta rasu a wani sansanin, Bergen-Belsen, ubanta da yayanta namiji ba su dawo ba. Ta dawo, ta karanta shari'a, ta ci jarrabawar alƙalai a 1956, shekara goma kacal bayan an buɗe wa mata wannan ƙofa. Sai aka tura ta sashen kula da gidajen kaso a Ma'aikatar Shari'a, daga 1957 zuwa 1964. Ku duba fa, macen da ta san kulle da yunwa da ƙwarƙwata a jikinta, ita aka miƙa wa takardun ɗaurarru. Ba ta yarda ta san su a takarda kawai ba. Da ƙafarta take shiga kaso, ta duba wurin kwana da wurin wanka da abincin da ake ba su, ta matsa a kan magani, musamman a ɓangaren mata.

Wanda ya fi taɓa ni shi ne na Aljeriya. Ana tsakiyar yaƙin neman 'yancin Aljeriya daga Faransa, a 1959, ministan shari'a Edmond Michelet ya aike ta ta duba gidajen kason can. Bayan haka ta tsaya kai da fata sai an ɗauke matan Aljeriya da aka kama an kawo su Faransa, nesa da hannun sojojin da ke azabtar da su. Cikinsu har da Djamila Boupacha, wadda sojoji suka kama a 1960 suka ci zarafinta. 'Yan'uwanmu Musulmi ne, gwamnatin da take yi wa aiki tana kiransu 'yan ta'adda, ita kuwa ta ga mata ne da za a iya kashewa a rufe. Ba ta da soja ko jam'iyya a lokacin. Rahoto ne, da sa hannu, da naci a ƙofar manya.

Ina tsaye a wurin sai da idona ya cika. Ni ma ma'aikaciyar gwamnati ce, tsarin aikinmu a Nijar daga na Faransawa aka gado shi, kuma na san yadda takardar mutum ke kwana a ƙasan tuli wata da watanni, mai ita yana can yana jiran shari'a, uwarsa tana kai masa tuwo a kwano. Wani ne a ofis ke yanke shawarar wace takarda za a ɗaga yau.

A 1970 ta zama mace ta farko a kujerar babbar sakatariyar Majalisar Ƙoli ta Alƙalai, a 1974 ministar lafiya. Wannan na karanta wa Yaya a tsaye, don ta ce ƙafafunta sun gaji.

Mun dawo da la'asar, muka yi sallah, ta ɗora shinkafa da wake. Ran Litinin zan tambayi malaminmu ko ana barin ɗalibai su ga rahotonta na Aljeriya a ɗakin ajiyar takardun gwamnati. Ina so in ga yadda ta jera maganar har manya suka sa hannu.