Saƙon Godiya Bayan Kwashe Wasan Ƙanena Zuwa Sabon Faifai

Assalamu alaikum wa rahmatullahi wa barakatuhu.

Godiya ta tabbata ga Allah Maɗaukakin Sarki, wanda da ikonsa aka kammala wannan aiki lafiya. Ina sanar da 'yan'uwa da abokan arziki waɗanda suka bi mu da tambaya da addu'a tun ranar da tsohon faifan ajiyar kwamfutarmu ya cika kuma ya fara wannan ƙara mai tayar da hankali, cewa an kwashe wasan kwamfuta mai suna Skyrim da dukkan gyare-gyarensa, wato ƙarin fayilolin da ake ɗora wa wasa domin sauya shi, zuwa sabon faifai mai sauri na SSD, kuma ƙanena ya buɗe wasansa ya tarar da jaruminsa a daidai inda ya bar shi. Ba zan maimaita yadda al'amarin ya faro ba, domin mafi yawanku kun sani, kuma gajiyar da ke jikina ba za ta bar ni in yi dogon labari ba.

Kun san halin da yaron yake ciki da ciwon sikila, kun kuma san cewa idan ciwon ya tashi ya lafa, yakan daɗe a kwance ba makaranta ba fita, kuma wannan wasan shi ne abokin hirarsa a irin wannan lokaci. Gyare-gyaren da muka ɗora masa ba na ƙawa ba ne kaɗai. Akwai wanda ya ƙara girman rubutu, akwai wanda ya sassauta faɗa domin kada gaɓoɓin hannunsa su wahala, kuma a hankali muka tara su, yawanci da datar dare, har nauyinsu ya haura gigabait 200. Duk wanda yake sayen data da kuɗin aljihunsa ya san cewa sake sauke wannan kaya ba abu ne da za mu iya ba a bana.

Godiyata ta farko tana ga ɗan maƙwabcinmu, ɗalibin kimiyyar kwamfuta, wanda na san ba zai so a nuna shi ba, amma ya yi haƙuri, domin ɓoye irin wannan alheri ya yi mini nauyi. Shi ne ya zaunar da ni ya fahimtar da ni dalilin da ya sa ba a jan foldar gyare-gyare a jefa ta wani faifai kamar yadda ake yi wa hotuna. Manhajar Vortex mai sarrafa gyare-gyaren, wadda masu shafin Nexus Mods suka yi, ba ta zuba gyare-gyaren kai tsaye cikin foldar wasan. Tana ajiye su ne a foldarta ta musamman, sannan ta ƙulla su da wasan ta hanyar da ake kira hadlink, wato fayil ɗaya ne a kan faifai amma yana bayyana a wurare biyu, tamkar ɗaki ɗaya mai ƙofa biyu. Wannan ƙulli ba ya tsallaka daga faifai zuwa faifai, ko daga wani yanki na faifai zuwa wani, saboda haka dole ne wasan da foldar gyare-gyaren su zauna wuri ɗaya, kuma faifan ya kasance a tsarin NTFS, domin exFAT da FAT32 ba su ɗaukar irin wannan ƙulli. Sabon faifan da muka sayo a exFAT yake, kuma shi ne ya lura da haka kafin a ɗora masa komai, ya sake tsara shi, ya kuma ba shi harafi tabbatacce domin kada hanyoyin da manhajar ta rubuta su rikice daga baya.

Shi ne kuma ya dage cewa ba za a taɓa komai ba sai an kwafi ajiyar wasan, wato fayilolin da ke riƙe inda yaron ya tsaya, da ke cikin foldar My Games, da bayanan da Vortex ke adanawa a AppData, waɗanda suka ƙunshi jerin gyare-gyaren da tsarin da suke bi, an sa su a faifan waje. Bayan haka ya sa manhajar ta janye dukkan ƙulle-ƙullenta daga foldar wasan har ta koma yadda Bethesda, kamfanin da ya yi wasan, suka fitar da ita, ya ƙara sabon faifan cikin ma'ajiyar Steam, manhajar da ake saukewa da buɗe wasan ta cikinta, ya bar Steam ɗin da kansa ya matsar da wasan, ya nuna wa Vortex sabon mazauninsa, sannan ya buɗe folda wadda babu komai a cikinta ya umarci manhajar ta kwashe kayanta zuwa can. Foldar abubuwan da aka sauke kuwa, ya ce ita ba ta da wannan sharaɗi, tana iya zama ko'ina, sai muka kai ta faifan waje. Allah Ya ƙara masa ilimi mai amfani, Ya sa ya gama karatunsa lafiya, Ya ba shi aikin da zai riƙe iyayensa da shi.

A tsakiyar wannan kwashewa ta ƙarshe ne aka ɗauke wuta. Ban taɓa jin faɗuwar gaba a kan na'ura irin ta wannan dare ba. Kwamfutar ta teburi ce, ba ta da batir, ta mutu nan take, kuma a lokacin ba mu san ko kayan suna tsohon faifai ba, ko suna sabo, ko sun rabu biyu babu ɓangaren da ya cika. Abin da ya fi tsaya mini a rai shi ne ajiyar yaron tana dogara da waɗannan gyare-gyare, domin idan aka buɗe ta alhali wasu sun ɓace, wasan kan yi gargaɗi cewa akwai abin da babu, kuma ajiyar tana iya lalacewa ko da ta buɗe. Ga tsohon faifai da ba mu da tabbacin zai sake tashi. Yaron yana ɗakinsa yana jin duk abin da muke cewa, bai ce uffan ba, kuma shirun nan nasa ya fi mini ciwo a kan kuka.

A wannan hali ne Baba tela, wanda shagonsa ke jikin katangarmu, ya ƙwanƙwasa ƙofa. Ya riga ya rufe shago, ya ji motsinmu da hasken tocila, ya tambayi ko jikin yaron ne ya tashi. Na ce masa a'a Baba, wasansa ne na kwamfuta, ina faɗa ina jin kunya, domin dattijo ne da bai taɓa riƙe linzamin kwamfuta ba. Bai tambaye ni amfanin wasan ba, bai kuma yi mini wa'azi ba. Ya koma ya jawo janaretan da yake ɗinki da shi, ya tsiyaya man da ya tanada domin aikin washegari, ya miƙo waya ta kan katanga, ya ce mu yi aikinmu a natse, shi yana nan. Ya shimfiɗa tabarma kusa da injin ya zauna cikin sauro yana jan carbi, duk lokacin da ƙarar injin ta canza sai ya tashi ya duba, har aikin ya kammala can cikin dare. Da muka kunna kwamfutar, tsohon faifan ya tashi, muka tarar tsohuwar foldar tana nan cikakkiya, aka share rabin da ya shiga sabon faifai, aka sake farawa daga farko, kuma Baba bai nuna gajiya ba. Da safe na kai masa kuɗin mai, ya ɓata rai, ya ce in saya wa ɗansa, wato ƙanena, lemo da shi. Baba, ba ni da abin da zan biya ka. Allah Ya haskaka maka kabarinka bayan tsawon rai mai albarka, Ya yalwata maka arziki, Ya shirya maka zuriya, Ya sa ka ga irin wannan alheri a kan 'ya'yanka da jikokinka, Ya haɗa ka da Manzonsa a Aljanna Firdausi.

Ina godiya ga yayata da ta cike mana kuɗin faifan ba tare da an roƙe ta ba, da mai gyaran kwamfuta na kasuwar waya da ya ara mana faifan waje bisa amana kawai. Ina godiya ga ɗan'uwan da ban taɓa gani ba, wanda ya kwantar mini da hankali lokacin da na ga kamar kayan sun ninka a sabon faifai, ya bayyana mini cewa Windows yana ƙirga fayil ɗaya sau biyu ne idan aka duba girman foldojin, amma wurin da ya ci bai ƙaru ba. Shi ne kuma ya tunatar da mu cewa SKSE, ƙarin manhajar da wasu gyare-gyaren ke dogara da shi, yana tafiya ne da takamaiman sigar wasan, saboda haka mu saita Steam kada ya sabunta shi sai an buɗe ta cikinsa, mu riƙa buɗewa ta SKSE, wanda da ba a faɗa mana ba, da mun fita daga wata damuwa mun faɗa wata. Wasu sun ba da shawarar mu bar Vortex mu koma manhajar Mod Organizer 2, wadda ba ta buƙatar zama faifai ɗaya da wasan, kuma shawara ce mai kyau ga wanda zai fara sabon tsari, sai dai ni ban ga hikimar sauya manhaja a tsakiyar tsoro ba.

Akwai cikin dangi waɗanda suka san wannan fanni fiye da kowa a gidan, aka kira su ba su ɗaga ba, aka aika saƙo suka ce ai wasa ne kawai. Ban riƙe kowa a zuciya ba, kowa da uzurinsa, sai dai na so a ce sun leƙo sun ga fuskar yaron a daren, ko da ba su taɓa kwamfutar ba. Allah Ya haɗa kawunanmu a kan zumunci.

Faifan aro zai koma hannun mai shi ranar Juma'a bayan an sauko daga masallaci, da zarar na kwafi abin da ke cikinsa. Ina roƙon ku ci gaba da sa ƙanena cikin addu'a, domin sanyi na matsowa kuma jikinsa ba ya son sa. Allah Ya ba shi lafiya mai ɗorewa, Ya ba dukkan marasa lafiyarmu na gida da na asibiti sauƙi, Ya saka wa kowa da mafificin alheri, amin.

Wassalamu alaikum.