Abin da aron kwamfutar hannu ya koya mini a laburare

Littafi yana iya shekara ashirin a kan kanta ba wanda ya taɓa shi. Ranar da mai nemansa ya zo, ya kaɗe ƙura ya buɗe, zai same shi yadda aka bar shi, in dai gara da ruwa ba su riga shi ba. Ba na cewa takarda ba ta da ajali, duk wanda yake Jos a watan Oktoban 2016, lokacin da gobara ta cinye babban laburaren Jami'ar Jos da ke Naraguta, ya san tana da shi. Amma littafi yana jira. Kwamfutar hannu, wadda muke ce wa tab, ba ta jira. Ko a cikin kwalinta ka bar ta, tsufa take yi. Batirinta in ya ƙare ƙarƙaf ya daɗe a haka, yana iya ƙin karɓar caji gaba ɗaya. In kuma aka bar shi a jone dare da rana, sai ya kumbura ya ɗago gilashin. Bayan 'yan shekaru kamfanin da ya ƙera ta ya daina sabunta mata manhaja, abubuwan da take buɗewa jiya su fara ƙi.

A ƙaramin laburaren unguwa nake aiki a nan Jos, kuma kusan duk abin da na koya game da waɗannan na'urori daga wannan bambancin ya taso. Wata ƙungiya ce ta ba mu su kyauta. Aka yi taro, aka ɗauki hoto, baƙi suka tafi, aka jera su a kabad na ƙarfe aka sa kwaɗo. Ba mugunta ba ce ta sa aka kulle. Wanda ya yi aiki a ma'aikata ya san yadda abin yake: kayan da suka ɓace ana tsare mutum a kansu, har a taɓa albashinsa, amma kayan da suka lalace a sito ba a tambayar kowa. Don haka ma'aikaci mai gudun rigima zai fi son su mutu a kabad da a ce ɗaya ta fita ba ta dawo ba. Sai da kwamitinmu ya rubuta a takarda cewa an yarda wasu za su fashe, wasu ma za su salwanta, kuma ba za a ɗora wa wanda ya bi ƙa'ida laifi ba, sannan hannun ma'aikata ya saki mabuɗi.

Da farko a cikin ɗaki kawai ake ba da su. Mutum ya ajiye katinsa, ya karɓi tab, ya zauna inda ake ganinsa, ya mayar kafin a tashi. Tsarin yana da sauƙi, kuma ya dace da samari masu lokaci. Waɗanda ya bari a baya su ne matan aure da ke karatun NCE ko digiri, masu girki da reno, waɗanda sai bayan isha'i suke samun sukunin buɗe littafi. Haka ɗan tireda da ba zai rufe shago ya zo ya zauna ba. Su ne suka fi buƙatar abin, kuma su ne ƙa'idarmu ta hana. Dole aka koma maganar tafiya da ita gida.

A nan aka fi ja-in-ja. Wasu suka ce a riƙa karɓar kuɗin ajiya mai kauri. To, wanda zai iya ajiye kuɗin tab ai da ya sayi tasa. Wasu suka ce takardar NIN ta wadatar. Ita kuwa tana nuna ko wane ne mutum, amma ba ta zuwa gidansa ta ce ya mayar da kayan mutane. Abin da ya yi mana aiki shi ne abin da garin ya saba da shi tun kafin mu: mai tsayawa. Mai unguwa, ko limami, ko fasto, ko shugaban makaranta, ko wani tsohon mai karatu da muka sani, ya sa hannu cewa ya san wannan yaro da gidansu. Saurayin da zai iya kashe waya don kada ma'aikacin laburare ya same shi ba zai so a kai maganarsa ƙofar masallacin unguwarsu ba. Muka kuma gajarta wa'adi, 'yan kwanaki kawai, in mutum yana so ya ƙara sai ya zo da ita a hannu a gani. Aron da ya daɗe shi ne yake rikiɗewa ya zama kamar mallaka, ƙane ya ɗauka, aboki ya ara, a rasa hannun da take.

Abin da ya fi ɓata ma ba tab ba ce, caja ce. Kullum labarin ɗaya ne, "Wallahi Malam, yayana ne ya ɗauka ya tafi da ita Bukuru." Yanzu da cikakken caji take fita, cajar kuma sai an rubuta ta daban.

Sai maganar abin da ke ciki, wadda a ganina ta fi na'urar kanta muhimmanci. Tab da babu komai a cikinta sai an sa data, wasa za a yi da ita, ko a ajiye. Data kuma ba ta da arha, balle tun farkon 2025 da hukumar NCC ta amince wa kamfanonin sadarwa ƙarin kuɗi har kashi 50 cikin ɗari. Abin mamaki, maganin wannan matsala yana da tarihi a garin nan. A 1999 wani Ba'amurke, Cliff Missen, ya zo koyarwa Jami'ar Jos, ya sha wahalar intanet ɗin wancan zamani. Daga abin da ya gani ne shirin WiderNet na Jami'ar Iowa ya ɓullo da eGranary, wato a kwafi ɗimbin shafuka da littattafai, da izinin masu su, a zuba a faifai guda, makaranta ta riƙa karantawa ba tare da intanet ba. Gwamnatin Osun ma, lokacin Rauf Aregbesola, da ta fara raba wa ɗaliban sakandare Opon Imo a 2013, da littattafai da tsofaffin tambayoyin jarrabawa a ciki ta raba su. Mu ma wannan hanyar muka bi daidai ƙarfinmu. Manhajar Kiwix tana ba ka damar sauke Wikipedia, har da ta Hausa, ka karanta ba layi. Kolibri tana ɗauke da darussan lissafi da kimiyya. African Storybook yana da labaran yara da Hausa. Sau ɗaya ake saukewa inda aka sami intanet mai ƙarfi, sannan a rarraba.

Ban da wannan, mun kulle ƙofar sauke sababbin manhajoji. Wasu samari sun ji haushi, na kuma fahimce su. Amma tab ɗin da aka bari a buɗe takan dawo cike da wasanni da bidiyo, ba wurin ko littafi ɗaya.

Masu shirin JAMB su ne suka fi cika mana ɗaki, musamman daga sanyin Janairu zuwa lokacin jarrabawa. Tun 2015 jarrabawar gaba ɗaya ta koma kan kwamfuta, kuma akwai yara daga Gangare, Rikkos da Anguwan Rogo da suka san karatunsu sarai amma ba su taɓa amsa tambaya agogo yana ƙirga musu lokaci a kan allo ba. Tab tana koya musu wannan. Abin da ba ta koyarwa shi ne hannu. A zauren jarrabawa ba shafa gilashi ake yi ba, maɓallai ake dannawa, A zuwa D don amsa, N don gaba, P don baya. Yaron da ya saba da shafa kawai yakan daburce. Sai muka samo kibod masu arha da 'yar wayar da ke haɗa su da tab, kowa ya gwada kafin ranar.

Dattawa kuwa ban yi tsammanin su ba. Wani tsohon malamin firamare da idonsa ya yi rauni ya daina karɓar littattafai, har ranar da aka nuna masa yadda ake buɗa yatsu biyu rubutu ya girma. "Ɗana, ashe ba karatun ne ya gagare ni ba," abin da ya ce ke nan, ya gyara zama.

Aikin da ba wanda ya faɗa mana, kuma ya fi kowanne cin lokaci, shi ne wanda ake yi tsakanin dawowar tab da sake fitarta. Littafi in ya dawo, ka duba shafuka, ka buga hatimi, ka mayar kan kanta. Tab takan dawo da rayuwar mutum a cikinta: hotunan iyali, saƙonni, Facebook a buɗe, takardar asibiti da aka ɗauka a hoto, jerin duk abin da ya bincika cikin dare. Na gaba da zai karɓa maƙwabcinsa ne, ko ɗalibinsa. Tun kafin dokar kare bayanan jama'a ta 2023, ma'aikacin laburare ya san cewa abin da mutum ya karanta amana ce. Saboda haka a gaban mai aron ake gogewa, yana kallo, kuma mu kanmu ba ma leƙawa. An taɓa zuwa ana so in faɗi abin da wata yarinya take dubawa. Na ba da haƙuri, na nuna jerin abubuwan da muka zuba a ciki, waɗanda kowa yana da damar gani. Abin da ita ta zaɓa daga ciki kuwa ba ma ajiye shi, kuma da gangan ne.

Akwai wani tarko a nan da ya kamata duk mai wannan aiki ya sani. Idan mai aro ya sa asusunsa na Google a tab mai Android, aka yi mata goge-duka, wato aka mayar da ita kamar sabuwa, ta bayan fage ba a cire asusun ba, tana tashi za ta nemi imel da lambar sirrin mutumin, ba za ta buɗe ba sai da su. An yi haka ne don maganin ɓarayi, iPad ma tana da irin nata. Amma a laburare, sai ka wayi gari da na'ura lafiyayya da ba ta da amfani, mai asusun kuma ya manta lambar ko ya bar gari. Shi ya sa ake cire asusu tukuna kafin a goge, ko a hana sa shi tun farko, a bar mai aro a ɓangaren baƙo.

Sauran ƙananan abubuwa ne. Rigar roba da gilashin kariya tun ranar farko. Ƙurar hunturu tana toshe ramin caji, a riƙa sharewa. Wuta ba ta da tabbas, don haka ƙaramar sola ta fi mana janareta. Waɗanda za su daɗe ba a taɓa ba, a bar su da rabin caji.

Yanzu idan wani ya zo da niyyar taimako ya tambayi tab nawa muke so, nakan roƙe shi ya rage yawan. Ya sayo iri ɗaya, wanda masu gyaran waya na wajen Taminus suke da gilashinsa da batirinsa, don in ɗaya ta mutu a ciri kayanta a tashi wata. Ragowar kuɗin kuma a ware shi don caja, da gyara, da ɗan alawus na wanda zai zauna kowace yamma yana gogewa yana jonawa. Wasu sukan yarda. Wasu kuma sun riga sun rubuta adadin a takardar da za su kai wa waɗanda suka ba su kuɗin, ba su da ikon canzawa, sai mu karɓa mu yi godiya, mu shiga neman kuɗin caja a wani wurin.